Hajiya Altine da Yaran da Na Goge

Hajiya Altine ta rasu.

Da safen nan labarin ya iso ni. Ina tsaye a kicin ina zuba wa yara shayi sai ga wayar Binta, wadda muka yi aikin ƙauyuka tare shekarun baya. Ko gaisuwa ba ta tsaya yi ba, ta ce, "Rabi, kin ji Hajiya ta cika?" Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Na ajiye butar shayin a kan kujera, har yanzu ban san wanda ya ɗauke ta ba.

Za a yi jana'iza bayan azahar a ƙofar gidanta, nan cikin Azare.

Na ga mutane sun fara sa hotonta suna yabo, kuma duk abin da suka faɗa gaskiya ne. Nawa rubutun ba irin nasu ba ne. Akwai abin da na yi wa baiwar Allahn nan wanda ya kamata in faɗa tun tana da rai, ban faɗa ba. Kunya ce ta hana ni jiya, ita ce kuma ta zaunar da ni yau. Ku yi haƙuri da tsawonsa.

Yawancinku kun san ta a matsayin ungozomar asibiti da ta yi ritaya. Samarin unguwarsu da yawa a hannunta suka faɗo duniya, har yanzu in sun gan ta sai sun sauka daga mashin. Ni kuwa a wani aikin bincike na san ta, shekara shida ke nan. Wata ƙungiya ce ta ɗauke mu mu bi gida-gida a ƙauyuka da rugage wajen Yana da Disina, muna tambayar mata tarihin haihuwarsu: nawa ta haifa, yaushe ta fara, nawa ke raye, nawa suka rasu. Da irin wannan ake gane ko haihuwa na ƙaruwa ko tana raguwa a wuri, a kuma san inda ake buƙatar ɗakin awo da ungozoma.

Ni ce shugabar tawaga. Shekarata ashirin da shida, digirina ko hucewa bai yi ba, ina ji da kaina ba kaɗan ba. Mata biyar ne a ƙarƙashina, Hajiya ce babbarsu. A haife ta haife ni, ta haifi wadda ta girme ni. An ɗauke ta ne saboda tana jin Fulatanci sosai, don mahaifiyarta bafulatana ce.

Ranar farko na fito da baƙar abaya mai duwatsu da takalmi mai tsini. Ruga fa za mu je. Hajiya ta dube ni sama da ƙasa, ta ce, "Malama Rabi, biki za mu ko aiki?" Ta buɗe jakarta ta ciro zani da silifas ta miƙo mini. Ashe kullum tana tafe da na ƙari saboda irinmu.

Ita ta koya mini cewa ba a shiga ruga da mota har tsakiya, ana ajiye ta nesa a taka. Ita ta koya mini in fara gaida tsohuwar gida kafin in nemi matar da na zo dominta.

Ita ce kuma ta fara gane ina da ciki, kafin ni kaina in tabbatar. Mun taso daga Yana ina ta tsayar da direba, ina cewa warin mai ne ke hawa mini kai. Ta miƙo mini tsamiya a ƙullin leda, ta ce a hankali yadda ba wanda zai ji, "Ba mai ba ne. Ki riƙa zama a gaba, kuma ki daina fitowa ba ki karya ba." Daga ranar kullum akwai kular dambu ko ɗanwake da take cewa wai ya yi mata yawa.

Wannan matar na yi wa abin da zan faɗa.

Matsalata da ita daga jinkiri ta fara. Sauran 'yan matan kafin la'asar sun cika fom bakwai ko takwas a tabulet. Hajiya da ƙyar take kawo uku. Sai in leƙa in same ta ta miƙe ƙafa a tabarma, an kawo mata nono a ƙwarya, tana taya matar gida tsince wake, tabulet ɗin yana gefe. Mu kuwa muna cikin mota rana na dukanmu, ni ina duba agogo ina cika ina batsewa. Waɗanda suka san ni sun san ban iya jira ba, ko a layin famfo.

Abu na biyu, a fom ɗinta kullum 'ya'ya sun fi yawa. Yarinya 'yar shekara ashirin, a fom ɗin Binta sai ka ga ɗa ɗaya. Sa'arta a fom ɗin Hajiya sai ka ga biyu, wani lokacin uku, ɗaya ya rasu.

Wata rana na ce bari in zauna in ji yadda take tambaya. A wata ruga ce bayan Disina, kuma matar tana jin Hausa, don haka ba abin da ya wuce ni. A tabulet an rubuta tambayar ƙarara: 'ya'ya nawa kika haifa a rayuwarki? Hajiya ko kallonta ba ta yi ba. Sai da suka gama gaisuwa, suka taɓa maganar shanu da ruwan bana, sannan ta ce wa matar, "Wankan farko a gidan wa kika yi? Wa ya dafa miki ruwa?"

Matar ta sunkuyar da kai tana murmushi, ta ce a gidansu ne, goggonta ce ta dafa.

"Da damina ne ko da rani? Na biyun fa?"

Haka ta bi wankan jegon matar ɗaya bayan ɗaya. Da suka zo kan wani, matar ta ce wannan ba a kai ga suna ba. Hajiya ta rage murya ta ce, "Ya yi kuka da ya faɗo?" Matar ta gyaɗa kai. Hajiya ta ce, "Allah ya sa mai ceto ne," sannan ta jawo tabulet ta rubuta.

A mota na tare ta. Na ce, "Hajiya, ba haka aka koya mana a tirenin ba. Yadda aka rubuta tambaya haka ake yin ta."

Ta ce, "Malama Rabi, wanda ya rubuta tambayar nan bai taɓa zama gaban bafulatana ba. Mace ba ta ƙirga ɗan farinta, kunya ce, balle in yana hannun kakarsa. Wanda ya koma kafin suna kuma ba ta sa shi a lissafi. Amma wanka ba ta manta shi, don jikinta ne ya sha ruwan zafin."

Na ce, "Ai ni ma na san kunyar ɗan fari, Hajiya. Amma wannan bincike ne, ba hira ba."

Ku ji fa. Ni ce nake koya wa matar da ta shekara talatin tana yanke cibiya yadda ake ƙirga haihuwa.

Da aka tara bayanan makonnin farko sai wani abu ya fito mai daɗin gani. Ƙananan matan rugage kamar sun fara jinkirta haihuwa, 'ya'yansu ba su kai yadda aka saba gani ba. Ogan da ke duba aikinmu daga babban ofis ya kira ni yana murna, ya ce haihuwa ta fara sauka a inda ba wanda ya zata. Sai ya ce, "Amma mai lamba huɗu fa? Nata ya fita daban. Duk gidan da ta shiga sai yara su ƙaru. Kin tabbata tana shiga gidajen nan kuwa?"

Hajiya ce lamba huɗu.

Na san tana shiga, tunda ni ce mai jiranta a rana. Na kuma zauna na ji yadda take aiki da kunnena. Abin da ya kamata in ce shi ne, Oga, a duba, wataƙila ita ce ke samo gaskiya, mu sauran ne muke zubar da yara a hanya. Amma faɗin haka yana nufin fom ɗin mutum huɗu da na sa wa hannu akwai gyara, yana nufin a koma gidajen nan duka, yana nufin shugabar tawaga ba ta iya aikinta ba. Ga laulayi, ga rana, ga haushin jiran da take sa mu.

Na rubuta rahoto layi uku. Na ce ba ta bin tambayoyi yadda aka tsara, tana da jinkiri, kuma akwai alamar tana ƙara 'ya'yan da babu su.

Layin ƙarshen nan ƙarya ne, kuma lokacin da nake buga shi na san ban ga wata alama ba.

Aka ce a sallame ta, a kuma tsabtace fom ɗinta. Ni na yi tsabtacewar da hannuna a kwamfuta. Duk ɗan farin da uwarsa ba ta ambaci sunansa ba, duk jaririn da a gurbin suna Hajiya ta rubuta "ba a raɗa ba", na bi su ɗaya-ɗaya na goge. Wuni guda na gama.

A bakin mota a Yana na gaya mata, na fake da cewa daga sama umarnin ya zo. Ba ta tambaye ni dalili ba. Ta ciro tabulet ɗin daga jaka, ta share fuskarsa da gefen mayafinta, ta miƙo mini haɗe da caja. Ta ce, "Ba komai, Allah ya sa haka ya fi alheri." Sannan ta ce, "Ke ma 'yar fari ce ko? Na ga alama. In kin je gida wanka ki tambayi Ummanki." Sai ta miƙo mini kular abincin ranar, ta ce in ci in ba direba ya kai mata kular.

Na ci kuwa. Wannan ma ina so ku sani.

Bayan wata biyar na haihu, na koma gidanmu wanka kamar yadda aka saba. Ni 'yar fari ce, a hannun kakata Inna na tashi a Misau, kuma har yau ban taɓa jin sunana a bakin Umma ba. "Ke" take ce mini, ko "ta Inna". Wata safiya tana fifita mini kunun kanwa na ce cikin wasa, "Umma, 'ya'ya nawa kika haifa?" Ta harare ni, ta ce wace irin tambaya ce wannan. Da na matsa sai ta fara daga Sani, ƙanena, ta lissafo har auta. Shida.

Na ce, "Wanka fa, nawa kika yi?"

Ta ce, "Takwas." Ko tsayawa tunani ba ta yi ba.

Ɗaya ni ce. Ɗayan kuma namiji ne tsakanin Sani da mai bi masa, ya kwana uku ya koma. Na girma har na haihu ban taɓa sanin na yi wannan ƙanen ba. Da 'yan tawagata sun shigo gidanmu da tabulet, da ni kaina ba na cikin lissafin. Kunun nan ban iya sha ba, Umma ta ɗauka zafi ne ya yi mini yawa.

Ranar suna Hajiya ta zo. Eh, ta zo, da sabulu da 'yar rigar jariri da ɗaurin ganyen wanka. Ta karɓi yaron ta duba cibiyarsa, ta yi wa Umma faɗa a kan kada ruwan ya cika zafi. Ni ina zaune a bakin gado na kasa haɗa ido da ita. Na ce a raina bari taro ya watse, in na yi arba'in zan je har gida in faɗa mata komai.

Yaron nan yanzu yana aji ɗaya a firamare.

Me ya hana ni? Zan faɗa ba kwana-kwana. Da bayanan nan na rubuta aikin mastas ɗina. Da su aka san ni. An gayyace ni taruka na tsaya gaban manya da makirfo a hannu ina bayanin yadda haihuwa ke sauka a rugagen ƙasar Katagum, ana tafa mini. Aikin da nake yi yau ta dalilinsu na samu. Duk ranar da na ce zan gyara sai in tuna abin da zai rushe, sai in ce bari dai a gama wannan zangon.

Ita kuwa ba a sake kiranta aiki ba. Kun san garin nan, masu ɗaukar mutane aikin gida-gida duk sun san juna, magana ɗaya ta isa. Aikin rigakafi ya zo, rabon gidan sauro ya zo, aka ɗauki waɗanda ita ta koya wa, aka tsallake ta. Wata rana a gidan biki na ji wata tana cewa, "Ai Hajiya Altine ce aka kama tana zama ƙarƙashin bishiya tana cika fom da ka." Ina zaune kusa da mai maganar, faranti a cinyata. Na ci gaba da cin shinkafata.

Tsakanin gidanta da nawa bai fi tafiyar minti goma a mashin ba. Duk shekarun nan in hanya ta biyo ta layinsu sai in ce wa mai mashin ya zaga.

Bayan Sallar layya da ta wuce Binta ta ce mini Hajiya ba ta jin daɗi, ƙafafunta sun kumbura. Na sayi lemo da kankana na tafi da hantsi, ina ta haddace abin da zan faɗa a hanya.

Na same ta a tsakar gida a kan tabarma, ta jingina da bango, tana tsinkar zogale a tire. Ta rame sosai, amma bakin nan yana nan yadda na san shi. Ta ce, "A'a, shugabar tawaga! Yau an tuna da mu?" Ta tambayi yaron da sunansa, ta tambayi Umma, ta ce in matso in taya ta tsinka tunda na zo da hannu biyu lafiyayyu.

Na ce, "Hajiya, maganar aikin nan da muka yi..."

Ta ce, "Bar shi, Rabi. Na san kin tambayi Ummanki. Tun ranar suna na gani a fuskarki."

Na fara kuka, ta ƙyale ni na yi mai isata. Sannan ta ce, "Ni abin da aka faɗa a kaina bai taɓa hana ni cin tuwo ba. Waɗanda suka san ni sun san ni. Yaran ne a raina, don Binta ta gaya mini an cire su. Kin tuna matar nan ta bayan Disina, wadda kika zauna kika ji? Da za mu tashi, ke kin yi gaba, ta riƙe mini zani ta ce, 'Hajiya, shi ma an rubuta shi?' Na ce an rubuta. Ta ce tun da ya koma ba wanda ya sake tambayarta shi, ko babansa. Mata da yawa na gaya wa haka."

Ta ajiye tiren ta dube ni. Ta ce, "Da kika gano, kin mayar da su?"

Jama'a, ga dama Allah ya kawo mini har inda nake zaune. Tsohuwa ba ta da lafiya, ta riga ta yafe mini tun ban roƙa ba. Kalma ɗaya ce kawai ta rage in faɗa, a'a.

Na ce, "An mayar, Hajiya."

Ta ce, "Dukansu?"

Na ce, "Duka."

Ta ɗaga hannu biyu ta ce, "Alhamdulillahi. To yanzu hankalina ya kwanta." Ta ƙulla mini zogalen a leda da hannunta, ta ce in kai wa Umma. Ta so ta raka ni ƙofa, ƙafa ta hana.

Ganina da ita na ƙarshe ke nan.

Ban mayar da ko ɗaya ba. Na fito daga gidanta da niyyar in yi a satin, don ƙaryar ta zama gaskiya kafin ta ji. Sati ya zama wata, wata ya zama watanni. Fayil ɗin asali, mai ɗauke da yaranta duka, yana cikin tsohuwar kwamfutata a saman kabad, ko caji ban sa mata ba.

Bayan wayar Binta na sauko da ita. Suna nan, ba wanda ya ɓace. Na rubuta wa ofishin da muka yi wa aikin, na rubuta wa malamin da ya duba aikin mastas ɗina, na haɗa musu fayil ɗin, na gaya musu abin da na goge da dalilin da ya sa na goge. Na ce kada a sake dogara da abin da na yi ta faɗa a taruka sai an sake lissafi da fom ɗin Hajiya, an kuma koma gidajen da sauranmu muka shiga. Ko haihuwa na sauka a rugagen nan ko ba ta sauka, ni ban sani ba. Abin da na sani shi ne ba mu ƙirga daidai ba.

Ban san me za su yi da ni ba, kuma ina jin tsoro. Maigidana ya ce in bari a yi sadakar uku tukuna, in ƙara tunani. Na ce masa tunanin ne na shekara shida ina yi. Na riga na tura.

Duk wanda ya taɓa jin cewa an kama Hajiya Altine tana cika fom da ka, daga hannuna maganar ta fito, kuma ƙarya ce. Ba ta taɓa rubuta yaron da uwarsa ba ta haifa ba. In kun taɓa maimaita maganar, ku koma wajen wanda kuka gaya wa ku warware.

Don Allah kada kowa ya rubuto mini "kin yi ƙoƙari" a ƙasa. Ban yi ba. Sai da ta daina ji sannan na buɗe baki.

Da la'asar zan shiga gidan gaisuwa. 'Ya'yanta suna cikin abokaina a shafin nan, za su karanta wannan kafin in isa. In sun ba ni wurin zama na gode, in sun ce in koma ba su yi laifi ba.

Ya Allah ka jiƙan Hajiya Altine, ka gafarta mata, ka haskaka makwancinta, ka sa ciwon da ta sha ya zama kankarar zunubi. Ka haɗa ta da jariran nan da ta tsaya ta tambayi labarinsu, su tarbe ta a ƙofar Aljanna. Ka ba 'ya'yanta haƙurin rashinta.

Duk wanda ya karanta har nan, don Allah ya tsaya ya yi mata addu'a, ya kama sunanta. In da sauran addu'a a bakinku, ku roƙa mini Allah ya sa yafiyar da ta yi mini ta haɗa har da ƙaryar da ta tafi ba ta san na yi mata ba.